Jikar Mai Iska

Ran da Alƙasum ya fara ganin Zuhura, sau uku yana ƙirga mutanen da ke cikin mota yana rikicewa, don da ya zo kanta sai ƙirgar ta ɓace masa.

Aikinsa ke nan kowace Asabar. Yakan ɗauko hayar mota ƙirar Hiyas a Tawa, ya kwashi masu son buɗe ido, yawanci malaman lakkwal, wato makarantar boko, da ɗaliban jami'a da baƙi daga Yamai, ya kai su Faƙon Jirgi, wani tsohon fili a arewa da gari inda aka ce jiragen Faransawa na sauka lokacin yaƙin Hitila. Daga nan su zarce bakin tafkin Tabalak, su ci soyayyen kifi, su shiga kwalekwale, da la'asar su kamo hanyar gida. Ba shi da mota tasa, ba shi da ofis. Amma fa Allah ya ba shi baki.

Wannan Asabar malaman wata lakkwal ne suka ɗauke shi. Zuhura na zaune bayan direba da lulluɓi ruwan zuma, tana ɓarar gyaɗa. Kusa da ita Moussa ne, abokin aikinta da ya shekara biyu yana bin ta, ya rungume gorar ruwanta kamar amanar da aka ba shi.

Faƙon Jirgi ba wani abin a zo a gani ba ne in ba a ba ka labarinsa ba. Fararen duwatsu ne a jere sahu biyu, da wani fasasshen kwatamin siminti, da tsofaffin gangunan man fetur da tsatsa ta cinye, sai wani dogon ƙarfe a kafe. Alƙasum ya nuna musu inda jirgi ke dira da inda yake juyawa, sannan ya tsaya jikin ƙarfen ya gyara murya, don an zo wurin da ya fi ƙwarewa.

Ya ce a nan wani mutum ke zama, ana ce masa Mai Iska. Ɗan bori ne na ƙin ƙarawa. In jirgi ya zo sai ya yi ta shawagi ya kasa sauka, har sai Mai Iska ya tayar da hayaƙi, ya yi girgiza, ya kira mutanensa na ɓoye su kama jirgin su ajiye shi ƙasa. Alƙasum bai tsaya a faɗa ba, sai da ya taka rawar, ya juya idanu, ya faɗi zaune daɓas. Malamai suka yi ta dariya, Moussa na ɗauka a waya, Zuhura kuwa har da hawaye.

Gaskiyar magana, duk abin da Alƙasum ya sani shi ne wani mai shayi ya taɓa ce masa wani Mai Iska ne ke sauko da jirage a nan da hayaƙi. Sauran duk shi ya zuba masa gishiri da yaji.

A bakin tafki iska na kaɗawa mai sanyi, ruwa ya miƙe har inda ido ya gaji, balbelu sun yi fari fat a kan itatuwan da ke tsaye cikin ruwa. Alƙasum ya zaɓo karfasa mafi girma ya kai wa Zuhura da kansa. Ta karɓa, ta dube shi ta gefen ido, ta tambaye shi ko ya taɓa hawa jirgin sama, tunda ya san kansa haka.

Ya sosa ƙeya ya ce ko kusa da shi bai taɓa zuwa ba.

“To na raɗa maka suna,” in ji ta. “Daga yau kai ne Filot, matuƙin jirgi.”

Kafin su iso Tawa lambarta na cikin wayarsa. Bayan magariba ya rubuta mata:

“Salamu alaikum. Filot ne. Ina fata an sauka lafiya, ba a ji girgiza ba.”

Ta amsa: “Lafiya lau. Sai dai cikina na ciwo don dariya, kuma kai za ka biya magani.”

Shi ke nan fa, abu ya kankama. Kullum da safe kafin ta shiga aji sai saƙonsa ya riga ta: “Tauraruwata, kin tashi lafiya? Allah ya sa yaran nan su bar miki murya ko kaɗan, ina da buƙatarta da yamma.” Ita kuma: “Filot ɗina, ka ci abinci kuwa, ko surutu ka karya da shi?” Ran Juma'a yakan je zance ƙofar gidansu, su zauna kan dakali, ta kawo masa fura mai sanyi, ya yi ta ba ta labarai tana tsintar na ƙarya tana nuna masa. Yana son ta ƙwarai, kuma bai ɓoye wa kowa ba.

Da aka yi wata biyar ya tura kawunsa Attaher wurin mahaifinta, Malam Idrisa, ladanin masallacin unguwarsu, mutum mai ƙarancin magana. Malam ya karɓe su da fara'a, ya ce a ba shi sati biyu ya yi bincike kamar yadda aka saba.

A cikin sati biyun nan ne Moussa ya yi aikinsa. Uwarsa ƴar ƙauyen Faƙon Jirgi ce, kuma da ya nuna mata bidiyon don ta yi dariya, sai ta dafe ƙirji ta gaya masa ko wane ne Mai Iska. Moussa bai ɓata lokaci ba, ya tura wa Malam Idrisa.

Da Kawu Attaher ya koma, ko ruwa ba a kawo masa ba. Malam ya ce, “Ɗiyata ba ta zuwa gidan wanda ya maida ubana ɗan bori, shina rawa da sunanshi gaban mutane. Ku yi haƙuri.”

Alƙasum bai fahimci komai ba sai da saƙon Zuhura ya shigo:

“Alƙasum, Mai Iska kakana ne. Wallahi ban sani ba, mu Malam Dodo muka san shi, Baba bai taɓa faɗin wancan sunan a gida ba. Ya ga bidiyon, kuma ya ji dariyata a ciki. Tun jiya bai dube ni ba. Kada ka zo.”

Ya karanta ya sake karantawa. Abin da ya fi ƙona masa rai, ba ta ce Filot ba. Kwana uku bai iya cin abin kirki ba, mutumin da baki ke ciyar da shi ya koma sai a yi masa magana sau biyu kafin ya amsa. Ya je ƙofar masallaci ya jira Malam, Malam ya wuce shi kamar bai ga kowa ba.

Rana ta huɗu ya hau babur ya nufi ƙauyen, abin da ya kamata ya yi tun shekara uku da suka wuce. Aka nuna masa gidan Kaltumi, yayar Malam Idrisa, tsohuwa mai shekara kusan tamanin, tana zaune a inuwar rumbu tana tsince wake. Ya durƙusa ya gaishe ta. Ta ƙare masa kallo.

“Kai ne mai rawar?”

“Ni ne, Inna.”

Ta ce har nan an kawo mata ta gani, kuma rawar ma bai iya ba. Sannan ta ba shi labari. Babansu yana saurayi aka ɗauke shi aikin fili. Matuƙin jirgi daga sama ba ya sanin inda iska ta nufa, kuma dole ne ya sauka yana fuskantarta, in ba haka ba ya zarce cikin duwatsu. To aikin Dodo shi ne da ya ji ƙugi daga nesa ya hura wuta ya tayar da hayaƙi, matuƙi ya ga inda hayaƙin ya kwanta. Iskar da ke cikin sunansa ke nan, wadda ke kaɗa zane a kan igiya, ba ta bori ba. Shekara uku yana yi, ko jirgi ɗaya bai ɓaci a hannunsa ba. Mutum ne da bai taɓa barin salla ta wuce shi ba.

Ta ce su manya sunan bai dame su ba. Amma Idrisa shi ne auta, kuma da aka sa shi lakkwal yara suka riƙa kiransa ɗan Mai Iska, daga baya suka yar da “Mai” ɗin, ya koma ɗan iska. Kullum sai ya dawo da riga a yage. Da ya girma ya koma birni, ya binne sunan.

Alƙasum ya sunkuyar da kai, kunya ta rufe shi. Ya tambaye ta abin da zai yi.

“Gaban mutane ka faɗa, gaban mutane za ka janye,” in ji Kaltumi. “Ka zo da baƙinka ran Asabar. Idrisa kuma ka bar ni da shi, ni na goya shi.”

Ran Juma'a da dare ya rubuta wa Zuhura: “Tauraruwata, na je wurin Gwaggo Kaltumi. Laifina ne, ba naki ba, ba na Baba ba. Ki yi mini addu'a gobe.” Ta amsa da kalma ɗaya: “Amin.”

Ran Asabar ya zo da ɗaliban jami'a goma sha huɗu. Yana sauka ya hango tabarma jikin dogon ƙarfen, Kaltumi na zaune, gefenta Malam Idrisa fuska a murtuke. Aika masa ta yi cewa tana nemansa da gaggawa, ya zo a guje yana tsammanin ciwo ne. Da ya ga Alƙasum ya yunƙura zai tashi, ta riƙe masa gefen riga, ya koma ya zauna. Ladani ne a Tawa, amma a nan ƙane ne.

Ɗaliban kuwa sun riga sun ga bidiyon, don ya bazu a wayoyi, wata ma don shi ta zo. Suka fara kiran a yi musu rawar Mai Iska.

Alƙasum ya tsaya gabansu. Ya ce, “Babu rawa yau, kuma babu ita har abada. Labarin da na shekara uku ina bayarwa a nan ƙarya ne, ni na ƙaga shi don ku yi dariya. Mutumin sunansa Malam Dodo, ga ƴaƴansa nan zaune. Ina neman gafararsu a gabanku.”

Ya ba su labarin yadda Kaltumi ta ba shi, bai ƙara ko ɗigo ba, abin da bai taɓa yi ba a rayuwarsa. Sannan ya ce bari ya nuna musu. Ya tara karan gero busasshe ya ƙyasta ashana. Wuta ta tashi bal-bal, ta cinye karan cikin minti ɗaya, hayaƙi ko na shan taba babu. Ya ƙara kara, aka sake haka. Ɗalibai suka fara ƙunshe dariya, gumi ya jiƙa masa riga.

“Ba haka akan yi ba.”

Malam Idrisa ne. Ya riga ya miƙe, yana naɗe hannun riga. Ya sa aka tsinto masa busasshen kashin shanu, ya karyo ɗanyen ganyen sabara, ya jera su kan garwashin a hankali, ya yayyafa ruwa kaɗan daga butarsa. Sai ga hayaƙi fari, mai kauri, ya tashi ya kwanta ya nufi yamma.

Malam ya nuna da hannu ya ce to yanzu daga yamma jirgi zai shigo, hancinsa gabas. Ya ce haka babansu ke nuna musu in sun zo kiwo nan, ko da yake jirage sun daɗe da daina zuwa. Sannan ya tsaya yana kallon hayaƙin. Ɗaliban suka kewaye shi da tambayoyi, wani yana rubutawa, wata ta ce ashe Malam Dodo ne hasumiyar filin jirgin gaba ɗaya. Malam ya yi kusan awa yana magana, Kaltumi ta ce rabon da ta ji ya yi surutu haka tun yana yaro.

Da za a wuce Tabalak, Alƙasum ya je ya durƙusa gabansa.

“Bakinka ya yi yawa,” in ji Malam. “Amma ka san inda ake maida shi. Ka ce ma kawunka ina gida ran Laraba.”

Tun kafin mota ta hau kwalta saƙon Zuhura ya shigo, don Gwaggo Kaltumi ta riga shi kai labari: “Filot ɗina, an ce wuta ta gagare ka. Kada ka damu, ni zan riƙa hurawa.” Alƙasum ya yi ta murmushi shi kaɗai har direba ya tambaye shi ko lafiya.

Bayan ƙaramar salla aka ɗaura aure a ƙofar gidan Malam Idrisa. Mutanen ƙauye suka cika mota biyu, Moussa ma ya zo, ya ci shinkafa ya yi addu'a kamar kowa. Da aka shafa fatiha, sanƙira ya miƙe yana shela cewa an ɗaura auren Alƙasum da Zuhura, ɗiyar Malam Idrisa, jikar Malam Dodo.

Malam ya ɗaga hannu ya tsayar da shi.

“Ba ka gama ba,” ya ce. “Malam Dodo Mai Iska. Faɗa da ƙarfi, su ji.”

Sanƙira ya faɗa da ƙarfi, har cikin gida aka ji, inda Zuhura ke zaune cikin ƙawayenta tana share hawaye da gefen lulluɓi, Gwaggo Kaltumi na rangaɗa guɗa da ƴar muryar da ta rage mata. Allah ya ba su zaman lafiya, ya ba su zuri'a mai albarka, ya jiƙan Mai Iska.