Mangwaron Cibiyar Mirlande

Mirlande na tsakar gida tana tsince wake, sai ga saurayinta Dieufort da buhun gawayi a ka, baki har kunne. Tun da guguwa ta kwashe ayabar ƙauyen, da gawayi kowa ke rufa wa kansa asiri.

"Papa Saintilus, ga tsarabata," ya ce wa mahaifinta. "Mangwaron nan da iska ta kwantar a tsohon filinku na kan tudu, shi na sassare na ƙona muku."

A gindin mangwaron aka binne cibiyar Mirlande, marigayiya mahaifiyarta ce ta dasa shi da hannunta. Dieufort ɗan ƙetaren kogi ne, ina zai sani?

Tsohon ya miƙe a hankali. "Wato ka ƙona mini 'ya, ka zuba ta a buhu, ka kawo mini?"

Kafin a ankara ya wawuri adda ya sharara wa Dieufort bayanta a fuska. Haƙori ya yi tsalle, jini ya wanke rigar.

"Zaro taka mana, ɗan banza!"

"Ba zan zare wa uban Mirlande ƙarfe ba, Papa."

Sara na biyu da kaifin tsohon ya kawo. Mirlande ta yi kukan kura ta shiga tsakani, addar ta nutse a damtsenta har ƙashi. Ta zube cikin waken, tana jin uban na rantsuwa cewa in yaron ya sake taka gidan, gawarsa za a fitar.

Wata takwas tana jinya da kuka, hannun bai ƙara miƙewa ba. A bakin mata ta ji wai Dieufort ya zautu, kullum yana hawa tudu da tulu yana shayar da kututturen mangwaron. Ran nan sai ta ja uban zuwa filin.

Ga shingen ƙaya saboda awaki, ga tsiro uku shar a jikin kututturen, ga Dieufort da wawulonsa tsugune. Tsohon ya daɗe tsaye, hawaye na bin gemunsa. Sannan ya miƙa masa addar ta wajen ƙota.

"Faɗaɗa shingen nan, ɗana. Cibiyoyin jikokina ma nan za a binne."

Fushin minti ɗaya ya cinye hannun Mirlande. Da Dieufort ya rama a ranar, da har auren ya cinye.