Maginiyar Kan Dutsen Gwarando

Ku rage fitilar nan, ku matso kusa. Wanda ya san ba zai iya barci ba ya tashi tun yanzu. Wannan ba tatsuniya ba ce. Mutumin yana nan da ransa, kuma daga bakin Malam Nomau na ji, direban da aka yi abin a gabansa.

Sunansa Sallau, amma a birni Salim ake ce masa, don shi ya raɗa wa kansa. Aikinsa jagorancin masu yawon buɗe ido. Ranar Asabar a cika bas da baƙi, shi kuma ya tsaya a gaba da 'yar lasifikarsa yana zuba bayani da Hausa da Turanci. Yana da baki, ga tsafta, kowa na son tafiya da shi. Abin da ba wanda ya sani a kamfanin shi ne ɗan Gwarando ne, wani ƙauyen masu sana'a a gindin dutse. Uwarsa Tabawa tana can tana ginin tukwane, kuma shi ne ɗanta na fari. A birni ya ce wa kowa iyayensa sun rasu tun yana goye. Har Juwairiyya, yarinyar da yake nema da aure, 'yar gidan manya, haka ya faɗa mata.

Ana nan sai mai kamfanin ya ɓullo da sabuwar tafiya ta wuni guda: a ga masu sana'ar hannu na Gwarando da safe, a yi salla a tsohon masallacin duwatsu da ke gindin dutsen, sannan a hau a ga ɗakin tsafin mutanen da. Aka ce Salim ne zai kai su. Ya kawo uzuri iri-iri, ba a karɓa ba. Da Juwairiyya ta ji, ta ce ita ma da ita za a je.

Sun isa da hantsi. Ya fara kai su wurin masaƙa, suka tsaya suna kallon ƙoshiya na kai da komo. Ya kai su maƙera, aka ba wata baƙuwa zugazugi ta gwada, aka yi ta dariya. Duk inda suka bi, idanu na kansa. Ya ja hular rana har gira, ya sa baƙin tabarau, bai sauka daga Turanci ba. Mutanen ƙauye kuwa suna da kawaici, ba wanda ya ce masa uffan.

Unguwar magina ce ta ƙarshe. Ya so ya tsallake ta, amma baƙin sun hango tuluna jere a rana, sun riga sun nufi can.

Tabawa na duƙe a kan wata randa, tana zagaya ta tana shafa bakinta da jiƙaƙƙen tsumma. Zaninta ya koɗe. Yumɓu har gwiwar hannu. Wata tsohuwa da ke kusa, wadda ganinta ya yi rauni amma kunnenta bai yi ba, ta ji muryarsa ta ce, "Tabawa, ga ɗanki ya zo."

Tabawa ta ɗago. Fuskarta ta washe, ta fara goge hannu a zani.

Juwairiyya ta juyo ta dube shi. Shi kuwa sai ya kai lasifika baki, ya yi 'yar dariya, ya ce, "A ƙauye haka suke. Duk baƙon da ya zo ɗansu ne." Ya ƙara da cewa, "Iya, ɗan koma kan aikinki, za su ɗauke ki hoto."

Tabawa ta dube shi, ba ta daɗe ba. Sai ta sunkuyar da kai, ta sake tsoma tsummanta a ruwa, ta ci gaba da zagaya randarta. Aka yi ta ɗaukarta hoto. Sallau ya ji kamar an kwara masa ruwan zafi a ƙeya, amma bai fasa bayani ba. Ya faɗa musu inda ake haƙo yumɓu da yadda ake gasa tukwane da kara, kamar a littafi ya karanta.

Bayan azahar suka hau dutsen. Wuri ne mai kyau, ba a musu. Manyan duwatsu sun hau kan juna kamar wani ne ya jera su. Birai na leƙe daga kan kuka. Daga sama, gonaki sun kwanta shar, kogi ya zama kamar farin zare. A can ƙoli ɗakin tsafin yake, ƙarƙashin wata tsohuwar tsamiya: ginin ƙasa, zagayayye, rufin ya rufta, ga tsofaffin randuna binne har wuya sun kewaye shi. Wani baƙo ya tambaya ko gaskiya ne mutanen ƙauyen ba sa hawa su kaɗai bayan la'asar. Sallau ya ce camfin jahilai ne kawai. Yana faɗa yana jin ɗacin maganar, don da wannan gargaɗin aka yaye shi.

Sun sauko, an yi la'asar, ana shirin shiga mota, sai Juwairiyya ta laluba jaka ba ta ga wayarta ba. Ta tuna ta ajiye ta a kan wani dutse a bakin ɗakin tsafin. Malam Nomau ya ce bari ya raka shi. Sallau ya hango mutanen ƙauye sun fara taruwa kusa da motar, har da kawunnansa, sai ya ce a bar shi, yanzu zai dawo. Gara masa dutsen da idanun nan.

Ya hau da sauri. Rana ta yi sanyi. Bai lura da wuri ba, amma biran sun ɓace. Ba kukan tsuntsu. Ba iska. Takunsa kawai yake ji.

Da ya kusa ƙoli, sai ya ji wani sauti da ya sani tun yana yaro. Tafin hannu a jikin ɗanyen yumɓu. Ɗas. Ɗas.

Wata tsohuwa ce a gindin tsamiyar, ta ba shi baya, ta lulluɓa da baƙin saƙi. Randa take ginawa, babba, ta kai mata ƙirji. Ba ruwa a kusa da ita, ba tsumma, amma yumɓun na sheƙi. Wayar na ajiye a gefen ƙafarta.

Ya ce, "Sannu da aiki, Iya."

Ba ta juyo ba. Ta ce, "A ƙauye haka suke. Duk baƙon da ya zo ɗansu ne."

Muryar namiji ce. Muryarsa ce. Har da 'yar dariyar nan, har da ƙarar lasifika.

Tsohuwar ta fara zagaya randar, a hankali, yadda magina ke yi. Sai idonsa ya sauka ƙasa. Tana tafiya gaba, amma diddigenta ne a gaba. Yatsun suna baya.

Ta zagayo ta tsaya daidai da shi. Lulluɓin ya rufe fuskar.

"Ɗan wa?" ta tambaya.

Ya buɗe baki don ya faɗi sunan uwarsa. Babu. Ya laluba a ransa, ya rasa. Ya nemi fuskarta, ita ma ta dushe, kamar hoton da ruwa ya taɓa.

"Ɗan wa?"

Ya so ya yi a'uziyya. Leɓɓansa suka motsa, sauti bai fito ba. Muryarsa na wurinta.

Ta ce, "Wanda ba shi da uwa a ƙasa, namu ne. Akwai wuri."

Ta miƙo hannu mai sanyi, ta auna faɗin kafaɗarsa da taƙi. Ta koma ta auna bakin randar. Ta ɗan ƙara buɗa shi. A nan ya dubi randunan nan da ke binne, ya gane ba don ruwa aka gina su ba.

Ya juya da gudu. Ya bi gangare, ya tsallake duwatsu, ƙaya ta yage masa riga. Ya sha kwanar wani dutse, sai ga tsamiyar a gabansa. Ga tsohuwar. Randar ta ƙara tsawo. Ya sake gudu ta wata hanyar, ya sake fitowa nan. Daga nan ƙafafunsa suka yi nauyi, ya ji suna nutsewa a busasshen dutse kamar a kwaɓaɓɓen yumɓu. Ya durƙushe. Abin da ya fi damunsa, fiye da tsoron ma, shi ne wannan: zai mutu, kuma maganar ƙarshe da ya bar wa uwarsa ita ce wadda ya faɗa a lasifika.

Rana ta yi ja. Tsohuwar ta shafe bakin randar, ta juyo wajensa.

Sai ya ji kira daga ƙasa, siririyar murya mai haki.

"Sallau."

Kun san dai uwa ba ta kiran sunan ɗanta na fari. Tun da aka haife shi bai taɓa jin sunansa a bakinta ba. "Kai" take ce masa, ko "wannan yaron". Shi ya sa da farko bai gane muryar ba. Ta sake kira, ta matso. Sai ga muryarsa ta fito.

"Na'am, Inna."

Tabawa ce. Ba takalmi, ɗankwalin ya zame, tana dafa duwatsu saboda ciwon gwiwar da ya daɗe da hana ta ko zuwa rafi. A bayanta Malam Nomau, a bayansa Juwairiyya. Ashe da aka ce wa Tabawa ya hau shi kaɗai, ba ta tsaya jin sauran ba.

Ta yi bisimilla, ta yi sallama, idonta a ƙasa kamar mai shiga gidan maƙwabta. Ta ce, "Nawa ne. Ni na haife shi."

Malam Nomau ya rantse mini shi bai ga kowace tsohuwa ba. Randa ya gani, ɗanya, tsaye ita kaɗai. Sallau na durƙushe bakinsa a rufe, amma daga bayan randar muryar Sallau ta amsa.

"Ya ce ba ke ba ce."

"Na ji da kunnena," in ji Tabawa. "Nawa ne."

Sallau na gani, tsohuwar ta gutsiro yumɓu daga bakin randar, ta kama hannunsa, ta danna masa a tafi, ta naɗe yatsunsa a kai. Da ɗumi, kamar jikin mutum. Ta zagaya bayan tsamiyar, ba ta fito ta ɗaya gefen ba. Iska ta kaɗa. Can wani tsuntsu ya yi kuka. Da suka duba, randar ma babu.

Juwairiyya ta sunkuya ta ɗauki wayarta, ba ta dube shi ba.

Ya so ya goya uwarsa, ta ƙi. Ita ce ma ta riƙe wuyan hannunsa har ƙasa, yadda ake riƙe yaron da ya ɓata a kasuwa. Duk inda ta taka sai ya ga ɗigon jini a kan dutse. Bai iya ɗaga kai ba.

Sun sauko ana kiran magariba. Ƙauyen duka na tsaye, baƙin ma na tsaye. Ba wanda ya zage shi. Da an zage shi da ya ji sauƙi. Ya zube a gabanta a cikin ƙura, yana son ya nemi gafara, kuka ya hana shi. Ita kuwa abin da ta tambaye shi kawai shi ne ko ya ci abinci tun safe.

Juwairiyya ta cire takalmi, ta durƙusa har ƙasa ta gaida Tabawa. Ta karɓi ruwa a ƙwarya, ta wanke mata ƙafafu da hannunta, ta yagi gefen mayafinta ta ɗaure su. A mota kuwa can baya ta zauna. Bayan kwanaki ya je gidansu, ta fito zaure, ba ta zauna ba. Ta ce masa ba talaucin uwarsa ne ya dame ta ba, kuma ba yumɓu ba. Ta ce, "Wanda ya binne uwarsa da ranta, ni ina zai kai ni?" Maganar aure daga nan ta mutu.

Bai bar aikin ba. Har yanzu shi ke kai baƙi Gwarando, kuma Sallau yake amsawa. In an iso unguwar magina sai ya ajiye lasifika, ya durƙusa, ya ce wa baƙi ga mahaifiyarsa. Ita kuma ta kau da kai, ta ci gaba da aikinta. Ba ta taɓa tada zancen ranar nan ba, ko sau ɗaya, kuma ba ta sake kiran sunansa ba. Wannan shirun nata shi ne abin da har yau bai iya ɗauka ba.

Yumɓun kuwa yana ɗakin Tabawa, a cikin kasko, a ƙarƙashin gado. An shanya shi a rana, an sa shi a wuta tare da tukwane, bai bushe ba. An jefa shi a kogi, da safe aka same shi a kaskonsa. Malam Nomau ya gan shi bara. Ya ce ya ƙara girma, kuma tsakiyarsa ta fara zurfi, gefen ya fara tashi.

Saboda haka in Allah ya kai ku Gwarando, ku ga masaƙa, ku ga magina, ku hau ku ga kogi daga sama. Amma da an yi la'asar, ko me kuka manta a can, ku bar shi. Kada wanda ya bi hanyar nan shi kaɗai. Ba kowa ne za a hau nema ba.

To, kowa ya yi addu'a kafin ya kwanta. Ke Ladidi, sakar mini hannu haka nan.