Inci Biyu a Hannun Hagu

"Malam, ka tsaya da kyau mana! Sau uku ke nan ina awo."

"A tsaye nake, Tela. Tef ɗinki bai yi ƙarya ba."

Ta sake ɗora tef daga kafaɗarsa zuwa wuyan hannu. Dama ashirin da huɗu, hagu ashirin da biyu. Ya naɗe hannun rigarsa ya nuna mata wani ƙullutu mai tauri, kamar ƙwan tattabara, dab da wuyan hannun.

"Karaya ce tun ina yaro, ta ɗoru a karkace. Ki yanka su daidai kawai, na saba naɗe na hagun."

"A shagona ba a naɗe hannun riga," ta ce, ta ja alli a kan yadin. "Kowane hannu da awonsa."

Mai gyaran agogo ne, teburinsa na can ƙarshen layi ƙarƙashin rumfar kwano. Ranar da ya zo karɓar rigar ya tsaya gaban madubin shagon yana ta duban hannuwan rigar. Duka hannuwan biyu sun sauka daidai inda ya kamata. Shekara talatin a duniya, ba wanda ya taɓa yi masa haka.

Daga nan agogon bangon shagonta ya fara lalacewa duk mako. Ita ke cire masa batir, shi ma ya sani.

"Telata, wannan agogon naki aljanu ne da shi?"

"Kai dai ka gyara, Mai Agogo. Surutu aka kira ka yi?"

Wata rana da azahar tana kan keke yana kan benci, ya ba ta labarin hannun. Bai yi dariya ba ranar.

"Ina shekara biyar Mamata ta ga ƙullutun. Suka kai ni wajen wani maɗori. Ya taɓa sau ɗaya ya dubi mahaifina ya ce, tsohuwar karaya ce, an kayar da yaron nan an ɓoye maka."

Ƙafarta ta tsaya a kan keke.

"Mamata ta yi rantsuwa har muryarta ta dishe. Mahaifina ya ce ai mai sana'a ya faɗa. Ya sake ta. Wajen kishin ɗa wai... Ta rasu ina sha bakwai, kalmarta ta ƙarshe gare ni ita ce, wallahi ban kayar da kai ba." Ya shafa ƙullutun. "Ni kuma na ce mata ba komai, Mama, na yafe miki. Kin ji? Yafe mata na yi."

Tela ta yi ta kuka har ta jiƙa yadin mutane. Ba ta kawo komai a ranta ba, duk da cewa mahaifinta maɗori ne. Maɗora da yawa suke a duniya.

Ranar da aka ba shi izinin zuwa gaisuwa wajen mahaifinta, ya zo da la'asar cikin rigar da ta ɗinka. Mahaifinta na zaune a ɗakinsa na aiki, ga tarin kara da tsummoki a kwando, ga warin man zafi ya kama labule. Mutum ne da ba a ganin haƙoransa. Ita kaɗai yake sassauta wa murya, don sunan mahaifiyarsa gare ta, Uwata yake kiranta.

Mai Agogo ya durƙusa ya miƙa hannu biyu. Tsohon ya riƙe su, kuma kamar yadda hannun mai sana'a ba ya zama haka kawai, babban yatsansa ya zame ƙarƙashin hannun rigar ya sauka kan ƙullutun. Ya danna. Ya zagaya. Ya daɗe bai saki ba.

"Me ya same ka nan?"

"Karaya ce, Baba, tun ina shekara biyar."

"Wa ya ce karaya ce?"

"Wani maɗori. Ban san shi ba, abin da nake tunawa ɗakinsa na da koren ƙofa."

Tsohon ya saki hannun kamar ya taɓa garwashi.

"Tashi ka je. Za ka ji daga gare ni."

Ko ƙarar takalmin Mai Agogo ba ta ɓace ba tsohon ya ƙwala kira.

"Uwata! Ba za ki aure shi ba."

"Baba...? Me ya yi?"

"Bai yi komai ba. Abin da ke hannunsa ba karaya ba ce, ƙari ne. Irinsa yana bin jini. Ba zan zauna ina ɗora jikokina ba."

"Baba, taɓawa ɗaya fa ka yi!"

"Shekara arba'in ina taɓa ƙashi! Ke za ki koya mini?"

"Ban isa ba, Baba. Amma ina son sa... Wallahi ina son sa!"

"To ki so shi daga nesa. Na gama magana."

Kwana tara ba ta buɗe shago ba. Ba ta yi masa rashin kunya ba, ba ta fasa kai masa ruwan wanka ba, amma idanunta sun zama kamar gauta. Ran na goma ta je rumfar kwano.

"Tashi mu je asibiti, rabin raina. In na jini ne, na haƙura na bi maganar Baba. In ba shi ba ne, mu kai masa hujja."

Likitar ƙashi ta jera hotunan ƙashin da aka ɗauka a gaban fitila ta nuna da bakin biro.

"Mahaifinki ya yi gaskiya a rabi. Ƙari ne. Tsiro ne na ƙashi da guringuntsi da ke fitowa kusa da wurin da ƙashin yaro ke ƙara tsawo. Yana girma tare da yaro, in yaro ya gama girma shi ma ya tsaya. Naka ya fito dab da wurin, shi ya sa hannun bai kai ɗan'uwansa ba."

"Likita, daji ne?" Tela ta tambaya.

"A'a, kwantar da hankalinki. Akwai irin da ke bin jini, shi wurare da yawa yake fitowa. Na duba sauran gaɓoɓinsa, nasa guda ɗaya ne tak. In ya fara ciwo ko ya ƙara girma ya dawo, in ba haka ba a bar shi."

Tela ta juya da murna za ta kama rigarsa, sai ta ga fuskarsa.

"Likita," ya ce a hankali, "to karayar fa?"

"Wace karaya? Ban ga alamar ƙashin nan ya taɓa karyewa ba."

"Ko da an kayar da ni...?"

"Faɗuwa ba ta kawo wannan. Ba laifin kowa ba ne."

Nan gaban likita, ƙato da shi, ya kifa kai kan tebur ya fashe da kuka.

"Mamata... Gaskiya ta faɗa! Ni kuma na ce na yafe mata!"

Da yamma suka kai hoton. Tsohon ya ɗaga shi wajen hasken taga, ya daɗe yana kallo.

"Baba, ba ya bin jini," Tela ta ce. "Likita ta ce..."

"Na sani, Uwata. Tun ranar na sani."

Ya ajiye hoton. Bai dubi 'yarsa ba, saurayin ya duba.

"Ƙofar nan da ka shigo ta cikinta, da koriya ce. Ni na sake mata fenti."

Ya ci gaba.

"Lokacin ina ganin yatsana ya fi ido gani. Mahaifinka ya tambaye ni mene ne wannan, ban sani ba, kuma na ji kunyar in ce ban sani ba. Mahaifiyarka tana riƙe da takalminka a hannu, tana rantsuwa. Na ce mata, mata dai ba ku rasa rantsuwa." Ya sunkuyar da kai. "Bayan shekaru na ga irinsa a jikin wasu, na gane. Na ce watarana zan neme ku. Ban nema ba. Da ka shigo na hana ka 'yata don kada in riƙa ganin hannun nan kullum. Ga ta nan, na ba ka. Ni kuma ka yi mini duk hukuncin da ka ga dama."

Tela ta zube kan gwiwoyinta tsakaninsu.

"Masoyina, ka dube ni... Ni ce fa. Ka dube ni mana!"

Ya dube ta. Da ma bai duba ba.

"Telata, ke kaɗai kika taɓa auna ni yadda nake. Amma in na aure ki, duk safiya sai na durƙusa na riƙe hannun nan na ce ina kwana, Baba. 'Ya'yana su hau cinyarsa. Ita kuma tana can ƙarƙashin ƙasa da yafiyata a kanta." Ya girgiza kai. "Ba zan ce ki bar shi ba, don na ga abin da rabuwa take yi. Ni ne dai ba zan iya ba."

"Ko nan gaba...?"

"Ban sani ba."

Tsohon ya runtse ido. Kalmar da shi ya kasa faɗa shekara ashirin da biyar da suka wuce, yaron ya faɗe ta ba wuya.

Bayan mako guda aka wayi gari babu tebur a ƙarƙashin rumfar kwano. Ya bar mata agogon bangonta a bakin shago, da sabon batir.

Akwai farar riga da ta ɗinka masa tun kafin gaisuwar, ta ranar aure. Ta kawo ta gida ta rataye a bayan ƙofa, don ba mai sayenta, ba ta shigar kowa daidai. Wata safiya ta kawo wa mahaifinta ruwa ta tarar ya ɗauko rigar ya shimfiɗa a cinyarsa. Ya haɗa hannuwan biyu, ya dafe kafaɗar da gwiwa, yana jan na hagun a hankali, irin jan da yake yi wa hannun da ya goce.

Ta ajiye kofin. Ta zauna kusa da shi ta ɗora hannunta kan nasa.

"Baba, bar shi. Ba ya miƙewa."

Bai saki ba. Ita ma ba ta janye hannunta ba.