Gemun Kawu da Ƙarar da Aka Kora

A ganin Kawu, tun da aka kafa duniya ba a taɓa cutar bawan Allah kamar yadda aka cuce shi da safiyar nan ba. Shayi aka kawo masa babu madara, shi da ko alƙali sai da ya ɗago ya ƙara kallon gemunsa. Ya yi tsaki, ya sake yi da ƙarfi, ba wanda ya kula.

Ina za a kula? Tsakar gida cike take da kwalaye da ƙullin kaya. Gidan gado ne, wani dillali ya kayar da su a shari'a a kansa, suka ɗaukaka ƙara. Jiya babbar kotu ta kori ƙarar ba ta saurari ko kalma ɗaya ba. Doka ta ce a miƙa wa dillalin sammaci hannu da hannu, shi kuwa ya rantse bai ga komai ba, lokacin gyara kuma ya wuce.

Inna, yayar Kawu, tana zaune kan akwati, idanunta jawur. Autarta na durƙushe gabanta, gefe kuma mijin Auta, lauyan da ya riƙe shari'ar, kansa a ƙasa.

"Gidan ubanku ya tafi saboda sakacinsa," in ji Inna. "Ko ni ko shi. Lauya, ba ta takardarta."

"Inna, don Allah..." in ji Auta. "Ko shi ya yi kuskuren, mijina ne. Bai yi barcin kirki ba tun da aka fara shari'ar nan."

"Ke rufe min baki. Kai kuma, wa ya ɓata aikin?"

"Ni na riƙe shari'ar, Inna," in ji Lauya. "Laifin yana wuyana."

Ya ɗan dubi Kawu, ya kawar da kai. Kawu ya ajiye kofin shayin. Ashe yaron nan ya sani.

Ranar kai sammaci, Kawu ne ya nace shi zai raka ma'aikacin kotu ya nuna masa dillalin, wai aikin manya ne. Ya sha rinin gemu baƙi ƙirin don maƙiyi ya gani ya ji haushi. A hanya ruwa ya sauko, rini ya zubo har wuyan riga. Kawu ya tsaya gaban dillali a haka? Ya laɓe bayan wani shago, ya nuna daga nesa: "Ga shi can, mai farar hula." Ashe ba dillalin ba ne, wani baƙo ne ya zo fakewa. Ya karɓi takardar ya yi gaba.

Inna ta tura wa Lauya biro. Auta ta riƙe hannunsa tana kuka marar sauti.

"Yaya," Kawu ya gyara murya, "a ce, misali, wani dattijo mai kwarjini..."

"Ba na son zolayarka yau."

"To, ba zolaya ba ce."

Ya faɗi duka, har da rinin. Inna ta daɗe tana kallon ƙaninta, sannan ta juya ga surukinta.

"Ka sani, ka yi shiru?"

"Kawun matata ne, Inna. Gida ya riga ya tafi, ban so ki rasa ɗan'uwa kuma."

Inna ta janye biron, hawaye na zuba. "Tashi, Auta. Bi mijinki. Ku yafe min."

Gida dai bai dawo ba, ɗakin haya Lauya ya kama wa Inna kusa da su. Amma haƙurin Auta ya tsare mata aurenta, kuma duk mai yanke hukunci cikin fushi, marar laifi yakan fara hukuntawa.

Kawu kuwa, da aka ɗora masa katifa a ka zuwa mota, ya so ya yi ƙorafin an wulaƙanta dattijo. Ya buɗe baki, ya ga idon yayarsa.

"Na sani, Yaya," ya ce. "Ni na jawo."