Ƙullin Ƙarshe

Wata Laraba ce bayan girbi, rana tana tsaka. Haka Yaya Hansai, 'yar kawunmu, ta fara mana labarin, bayan ta rage fitila.

A wata ƙasa da ake kira Ruwan Gora an yi wasu mahauta biyu, wa da ƙani. Nomau ne babba. Ƙanensa Mantau ɗan dambe ne, amma kullum shi ake kayarwa. Ɗan dambe ba ya ɗaure hannunsa da kansa, sai wanda ya amince da shi. Tun suna yara Nomau ke naɗa wa Mantau zare.

A ranar, Mantau ya biyo hanyar tsohuwar maƙera shi kaɗai. Ya gamu da wani tsoho. Sawun tsohon na bayyana a ƙasa kafin ya taka. In ya motsa baki, sai can daga baya muryar ta iso.

Ya miƙo wani baƙin ƙarfe, daidai cikin tafin hannu.

"Riƙe shi a dunƙulenka, a ɗaure da zare. In an naushe ka, matse. Lokaci zai koma baya kaɗan, kafin naushin. Ka ga ka san ta inda zai zo."

Sun ƙara wata magana. Ita Mantau bai faɗa wa kowa ba.

Yaya Hansai ta dube mu. "Kar in ji wani ya bi kufai shi kaɗai da tsakar rana. Kun ji ko?" Muka ce mun ji.

Daga nan ba a sake kayar da Mantau ba. Naushi zai taho, sai a ga ya riga ya kauce. Masu kalangu suka shiga yi masa kirari. Nomau kuwa yana ɗaurawa, yana jin ƙarfen a ƙarƙashin zare, ya ɗauka laya ce.

Sai furfura ta fito wa Nomau. Haƙoransa suka fara girgiɗi. Mutumin da bai kai arba'in ba, sa'o'insa suka koma ce masa Baba a kasuwa. Duk ranar da aka ci dambe, Mantau zai kawo masa gasasshiyar hanta.

"Yaya, ci ka samu ƙarfi. Hannunka da albarka. Ba mai ɗaura min sai kai."

Nomau mutum ne mai lura. Ya gane duk washegarin dambe yakan tashi ya fi jiya tsufa. Ya tambayi ƙanensa inda ya samo layar, cikin hira, kamar ba komai. Da rana ta take, ya ɗauki sanda ya bi hanyar maƙera.

Tsohon na nan.

"Baba, ƙarfenka yana cin mutum."

Bakin ya motsa. Nomau ya jira muryar.

"Lokacin da yake mayarwa ba daga sama yake faɗowa ba. Daga kwanakin wanda ya ja ƙullin ƙarshe ake ɗiba."

"Yaron bai sani ba."

"Shi ya fara tambaya wa zai biya. Na faɗa masa. Ya ce, ina da wa, yana da ƙoshin lafiya."

Nomau ya juya. Ya kama hanyar gida.

Ranar kasuwa da la'asar aka kawo wani ƙato daga yamma, ana ce masa Turmi. Fili ya cika. Mantau ya miƙo hannu kamar kullum. Nomau ya sa ƙarfen, ya naɗa zare a hankali, kewaye bayan kewaye. Da ya zo ƙarshe sai ya saki bakin zaren.

"Yatsuna sun gaza, ƙanena. Ja da haƙori."

"Haba Yaya, ƙulli ɗaya ne fa."

"To ja mana, tunda ɗaya ne."

"Bari a kira wani."

"Wa kuma kake so ka ba? Ko akwai abin da ke cikin ƙullin ne?"

Mantau ya kasa kallonsa. Kalangu na kiran sunansa. Turmi na tsakiyar fili yana nuna shi da hannu, mutane sun fara dariya. Mantau ya sa haƙori ya ja.

Turmi ba irin na baya ba ne. Naushinsa ba ya ƙarewa. Mantau ya matse ƙarfen, ya sake matsewa, ya sake. Na gaba-gaba suka ga gashin kansa yana yin fari kamar ana zuba masa toka. Bai daina ba.

Ya kayar da Turmi. Da aka kwance zaren, hannun tsoho aka tarar a ciki, ƙarfen babu. Kafin damina ta faɗi aka binne Mantau. Kwanakin Nomau ba su dawo ba. Da sanda ya ƙarasa rayuwarsa, kuma bai sake ɗaura wa kowa hannu ba.