Hamma a Faifan Tashar Gagarawa

Da hantsi aka kawo ƙara ofishin 'yan sanda na Gumel. An yanke wani yanki daga tsohon faifan majigi na lodin gyaɗa a tashar jirgin ƙasa ta Gagarawa. Masu talabijin ne suka aiko daga Kano suna nemansa don shirin tuna baya, kuma ba shi da na biyu.

Sufeto Badaru ya tarar da Ubale, mai ajiyar fayafayan, yana share sito.

"Ɓeraye ne, ranka ya daɗe."

Sufeto ya ɗaga faifan saitin taga. Yanka sumul, an haɗe da gam, ko warinsa bai fita ba.

"Ashe ɓerayenku da almakashi suke yawo. Wa ya iya haɗin nan?"

"Bappa direba yakan taɓa."

Bappa na ƙarƙashin motar majigi. Ya fito ya miƙa hannuwansa, suna karkarwa irin ta tsufa.

"Da waɗannan? Ko zare ba na sa wa allura."

"Me ke wurin da aka yanke?"

"Buhuna ne kawai."

"Su suke loda kansu a jirgi?"

Bappa ya daɗe yana goge hannu. "Marigayi Hamma ne, sarkin 'yan dako. Buhu a ka, ya juyo yana dariya. Da muka gwada faifan a bango mata sun taru, har da Lauratu."

"Wace ce?"

"Matar Hamma a da. Yanzu ta Ubale ce."

A gidan Ubale, daga bayan ƙyauren zaure Lauratu ta amsa wa Sufeto.

"An ce kin yi kuka."

"Da kuka na yi, da malam ya samu sauƙi. Murmushi na yi, ya kuwa gani. Na aika Maigatari a kira 'yata A'i. Ina da cikinta Hamma ya rasu, ba ta taɓa ganin fuskarsa ba."

Sufeto ya koma sito, ya zauna a kan akwatin fayafai.

"Malam Ubale, ɓeran nan yana da mata?"

Tsintsiya ta faɗi daga hannun Ubale.

"Tun da na aure ta nake zaune da Hamma a gida, ranka ya daɗe. Na daure, don na kabari ba ya motsi. Yanzu kuma a sa shi a talabijin, yana tafiya, yana mata dariya, ni ina gefe da furfurata?"

"Ina yankin?"

"Murhun mai shayi. Ci ɗaya wuta ta yi masa."

Wani kurtun ɗan sanda ya fito da shi. A bakin ƙofa ga A'i ta sauko daga motar Maigatari, ta sha kwalliya, da jariri a baya.

"Baba, ina za su kai ka? An fara nunawa?"

Ubale ne ya raine ta har ya aurar da ita. Kurtu ya ce, "Mu je."