Fayil Ɗin Da Zaituna Ta Aro

Rana ta kusa faɗuwa Kalilu ya kira matarsa Zaituna daga Babban Mutum, inda ya je ta'aziyya. Ya ce ta daure ta leƙa shagonsa na kwamfuta da ke bakin layinsu, ta tura takardun wani ɗalibi ta intanet, don yau ake rufe karɓa. Ta goya jaririyarsu Ummukulsum, ta ɗauki makulli.

Kwamfutar ta tashi lafiya, amma da aka zo shiga intanet sai wani rubutun Turanci ya tare hanya. Ta karanto masa a waya, harafi-harafi. Ya ce wani fayil ne ya ɓata, wanda duk manhajar da ke magana da waje da shi take amfani, kamar gugan rijiyar unguwa. Ya ce ta kwafo irinsa da filasha daga wata kwamfutar, ta zuba. Kafin ya faɗi wacce, layi ya katse.

Ɗayar kwamfutar da ke kan tebur ba caji. Sai ta tuna da ta ƙarƙashin benci, wadda wata doguwar tsohuwa ta kawo gyara tun bara, ba ta bar suna ba, ba ta kuma dawo ba. Zaituna na taɓa ta, ta kunnu. Sanyi ƙalau, tana warin jiƙaƙƙiyar ƙasa.

Ladan ya soma kiran magariba. Innarta ta faɗo mata a rai, mai hana aron ko da allura a irin wannan lokaci, wai ba ka san daga hannun wa ka karɓa ba. Zaituna ta ce a ranta, ai kwafa ce, ba ɗauka ba.

Ta kwafa, ta zuba a ta Kalilu. Intanet ya buɗe, takardu suka tafi.

Sai sifika ta fara huci, kamar numfashin mai barci. Firinta ta motsa ita kaɗai. Layin ya yi tsit, ko ƙarar babur babu.

Kyamara ta buɗe kanta. Zaituna ta ga fuskarta, ta ga kan Ummukulsum a kafaɗarta. A bayansu kuma ga wata a tsaye, ta sunkuyo saboda silin ya yi mata ƙasa.

Ba ta waiwaya ba.

"'Yar nan," muryar ta fito a hankali, "kin ari nawa. Ara mini taki."

Ƙullin majanyi ya soma warwarewa. Ummukulsum tana ɓangala dariya, tana miƙa hannu baya.

Zaituna ta damƙe ƙullin da hannun hagu, ta danna goge fayil. Kwamfuta ta ce ana amfani da shi.

Ta sake. Ana amfani da shi.

Nauyin goyon ya fara raguwa a bayanta.

Sai ta tuna da maganar guga. Kowa yana riƙe da shi. Sai duk sun saki. Ta shiga rufe manhajojin ɗaya bayan ɗaya, Ayatul Kursiyyu tana harɗe mata a baki. Wani sanyi ya taɓa wuyanta. Ta ƙarshe ta rufu. Ta goge, ta zare filashar, ta ɗora kan tsohuwar kwamfutar.

"Na mayar, Iya. Don Allah, na mayar."

Nauyin ya dawo mata gaba ɗaya. Ummukulsum ta tsandara kuka. Ta fito a guje, ta danna kwaɗon shagon. Takalmanta a can suka kwana.

Washegari Kalilu ya tarar da kwaɗo a kulle yadda ta bar shi, amma tsohuwar kwamfutar babu, filashar ma babu. Ya goge kwamfutarsa tas, ya sake zuba komai sabo. Zaituna kuwa sai wajen wanka ta lura ɗankunnen Ummukulsum na hagu ba ya nan.

Yarinyar lafiyarta ƙalau, har ta fara tafiya. Sai dai da an kira magariba takan bar wasa, ta ɗaga kai sama da kafaɗar uwarta, ta miƙa hannu biyu a ɗauke ta.

Shi ya sa tun la'asar Zaituna take goye ta, ta yi wa majanyi ƙulli biyu.